Maɗaurin hannu na kanti ga mai raunin jijiyoyin ƙasan wuya: yana aiki, amma ba yadda ya fito daga kwali ba

Maɗaurin hutun hannu da ake saya a shirye kaya ne da kusan duk mai shanyayyen hannu zai ci karo da shi. Galibi siffarsa ɗaya ce: siririn farantin alminiyam mai lanƙwasuwa a ciki, soso a kansa, yadi mai laushi a waje, ɗamara uku ko huɗu masu Velcro (maƙalin yadi mai ƙananan haƙora da ake mannawa a ɓalle), da ɗan kwari a gefe inda babban yatsa zai kwanta. Yana ɗaukar hannu tun daga sangali har bakin farce. Akwai ƙarami, matsakaici da babba, akwai na dama da na hagu. Wasu kan zo da 'yan shingaye tsakanin yatsu, wasu da riga da ake cirewa a wanke. Abin da za a duba a nan shi ne ko kwalliya tana biyan kuɗin sabulu ga rukuni guda na majinyata, wato waɗanda jijiyoyin ƙasan wuyansu suka yi rauni, tafi da yatsu suka mutu alhali kafaɗa da gwiwar hannu suna aiki.

Ga irin wannan hannu, maɗaurin yana da amfani da dare, kuma amfanin ba ƙarami ba ne, da sharaɗin a sake lanƙwasa shi kafin a ɗaura. Yadda ya fito daga kwali, an tsara shi ne don wani ciwo daban. Da rana kuwa cikas yake zama.

Sai an san abin da ya lalace kafin a gane dalili. Jijiyoyin saƙo, masu kai motsi da ji zuwa hannu, suna fitowa daga laka ta saiwoyi biyar da likitoci ke lissafawa C5, C6, C7, C8 da T1. Suna sarƙewa da juna a gindin wuya, sannan su bi ta hammata su rarrabu. Biyun sama su ke ɗaga kafaɗa da naɗe gwiwa. Biyun ƙasa, C8 da T1, su ke da damƙa, da duk ƙananan tsokokin cikin tafi, da jin fata a gefen ƙaramin yatsa da cikin sangali. Na ƙasan kan yage ne idan aka fizgi hannu sama da ƙarfi yana miƙe: mutum ya faɗo daga bisa ya cafki reshe, ko inji ya ja hannunsa, ko ya faɗo daga babur, ko jariri da hannunsa ya miƙe sama da kai aka ja lokacin haihuwa. Ana kiran ciwon shanyewar Klumpke, da sunan Augusta Klumpke, haifaffiyar Amurka da ta yi karatun likita a Faransa, wadda ta bayyana shi a 1885. Ita ce ta lura cewa idan saiwar T1 ta tsinke kusa da laka, ido ma yakan nuna: fatar idon wannan ɓangare ta ɗan sauko, baƙin tsakiyar ido ya ƙanƙance. Wannan alama, da ake kira ta Horner, ba a wasa da ita, domin sau da yawa tana nufin saiwar ta tumɓuke ne daga laka, kuma wadda ta tumɓuke ba ta sake tsirowa.

Ƙananan tsokokin tafi suna yin wani aiki da ba kowa ke lura da shi ba sai sun mutu. Su ne ke lanƙwasa gaɓar gindin yatsa, su kuma miƙe gaɓar tsakiya da ta ƙarshe a lokaci guda. Idan babu su, dogayen tsokokin sangali da suka rage sai su ja yatsu yadda suka ga dama: gindin yatsa ya karye baya, tsakiya da ƙarshe su naɗe ciki, hannu ya koma kamar ƙafar shaho. Babban yatsa kuma ya faɗo gefe ya kwanta daidai da tafi, ba ya iya zagayowa ya fuskanci sauran. Idan raunin ya kashe har tsokokin damƙa gaba ɗaya, naɗewar ba ta yin tsanani, hannun sai ya zama shimfiɗaɗɗe, laƙwas. Kada wannan ya ruɗi kowa. Rashin naɗewa a nan alama ce ta cewa ɓarnar ta fi yawa.

A nan gizo ke saƙar. Kan ƙashin da ke gindin yatsa ba zagayayye ba ne sosai, ya fi tudu ta wajen tafi. Saboda haka igiyoyin da ke riƙe gaɓar ta gefe da gefe suna ɗamewa idan yatsa ya lanƙwashe, suna saki idan ya miƙe. Igiyar da aka bari a sake tsawon makonni takan gajarce, daga nan gaɓar ba ta ƙara lanƙwasuwa ko an danna ta da hannu. Gaɓar tsakiya kuwa akasin haka take: a naɗe take ƙagewa, domin tantanin da ke gabanta ne ke tsukewa. Wannan ya sa likitocin gashin ƙashi masu kula da hannu ke da zama guda da suke kira amintacce ga hannun da ba ya motsi: wuyan hannu ya ɗaga baya digiri 20 zuwa 30, gindin yatsu ya lanƙwashe digiri 70 zuwa 90, gaɓar tsakiya da ta ƙarshe su miƙe sambal, babban yatsa ya fito gaban tafi da tazara kamar zai riƙe kofi.

To, maɗaurin kanti ba haka yake zuwa ba. Yawancinsu an lanƙwasa su ne a zaman da ake kira na aiki: gindin yatsu digiri 35 zuwa 45 kawai, sauran gaɓoɓin a ɗan naɗe, kamar hannu a kan ƙwallo. Wannan zama ya dace da mai amosanin gaɓɓai da ke neman hutu, ko wasu masu shanyewar ɓarin jiki. Ga hannun Klumpke, rabin gyara ne a gindi, a tsakiya kuma goyon bayan naɗewar da ake gudu. Wanda ya ɗaura shi haka wata uku yana iya wayar gari da yatsun da suka ƙage daidai siffar maɗaurin.

Abin da ya ceci kayan shi ne farantin alminiyam ɗin, don yana karɓar gyara. A fara da ɗora hannun a kai ba tare da ɗamara ba, a duba layin tafi na ƙarshe, wanda ya gitta ƙasa da gindin yatsu. A sa alama a kan maɗaurin daidai wannan layi ko ɗan ƙasa da shi ta wajen wuyan hannu. Nan ne wurin lanƙwasawa. Kuskuren da aka fi yi shi ne a lanƙwasa can gaba, a ƙarƙashin yatsun kansu, sai farantin ya tokare gindin ya hana shi sauka, gaɓar tsakiya ce za ta naɗe a madadinsa. A cire hannun, a ɗora farantin a bakin tebur, a danna a hankali har kusurwar ta kai digiri 70 ko kusa. Ba a lanƙwasa shi a jikin majinyaci. Daga nan a miƙe sashen da yatsu ke kwanciya ya zama shimfiɗe, babu doro. Wuyan hannu a bar shi kusan yadda ya zo, in dai bai wuce digiri 30 ba. Alminiyam ba ya son a yi ta kai shi ana dawowa da shi a wuri guda. Bayan 'yan lokuta yakan yi rauni ya tsage a cikin soso inda ido ba ya gani, kuma tsagaggen baki yana huda yadi. Gara a auna sau biyu da ma'aunin kusurwa a lanƙwasa sau ɗaya.

Idan gaɓoɓin sun riga sun fara sandarewa, ba a tilasta musu digiri 70 a daren farko. A tsaya inda suka kai ba tare da an matsa ba, a riƙa ƙara kamar digiri 10 duk mako gwargwadon yadda suke saki. Ja mai sauƙi na tsawon sa'o'i shi ke tsawaita nama. Danniya mai ƙarfi kumburi take kawowa, kumburi kuma shi ne uban ƙagewa.

Da zarar an ƙara kusurwar, wata matsala kan ɓullo wadda masu ƙera kayan ba su yi tanadinta ba: hannu yana zamewa baya. Cikin barci tafin kan ɗaga daga farantin, yatsu su janye, da safe a tarar gindin ya miƙe, kan yatsu ne kawai ke dafe da maɗaurin a naɗe. Maganin yana ga ɗamarar wuyan hannu. Ita ce ke riƙe komai, kuma dole ta zauna daidai kan gaɓar, ta ɗan karkata, ba can sama a sangali ba. A nan ake gane mai kyau da na banza. Wanda ɗamarunsa ke cirewa a manna su inda ake so ya fi wanda aka ɗinke su wuri guda nesa ba kusa ba. Ɗamarar yatsu ta bi ta kan gaɓar tsakiya, mai faɗi, da ɗan soso a ƙarƙashinta, don ta kwantar da gaɓar. Siririyar ɗamara da ba ta kai santimita 2 ba tana nutsewa a fata ta bar kumburi a gabanta. Mai faɗin santimita 4 zuwa 5 ta fi dacewa da sangali da wuyan hannu. Ƙa'idar ɗauri kuwa, yatsa ɗaya ya iya shiga ƙarƙashin kowace ɗamara.

Tsawon ma abin dubawa ne. Ya kamata maɗauri ya rufe kashi biyu cikin uku na sangali, gefunansa su hau zuwa rabin kaurinsa. Gajere yana tara nauyin hannu a bakinsa na baya ya dasa shi a nama. Wanda ya yi tsawo kuma yana cizon lanƙwasar gwiwa. Masu sayarwa kan ce a auna faɗin tafi a zaɓi lamba, amma hannun da tsokokinsa suka zube yakan rame ya bar tsawonsa yadda yake. Sai a ga faɗin na ƙarami ne, tsawon na matsakaici. A bi tsawon, a cike gefen da soso.

Kwarin babban yatsa shi ne sashe mafi rauni a kusan duk wanda ake sayarwa. Yakan fita gefe ne, a layi ɗaya da tafi, wato daidai inda ciwon ya riga ya jefa yatsan. Abin da ake bukata shi ne a murɗo kwarin ya dawo gaba, ƙarƙashin manuni, a buɗe tazarar da ke tsakaninsu. Idan wannan tazara ta tsuke, ko da an yi tiyata daga baya an dawo da ƙarfin damƙa, hannun ba zai buɗe ya karɓi kofi ko kwalba ba. A wasu samfuran farantin ya shiga har cikin kwarin, ana iya murɗa shi. A wasu kuwa soso ne zalla a wurin, ba ya riƙe komai. A matsa shi da yatsa kafin a saya. In ya lotsa babu ƙarfe a ciki, a ajiye. Kuma turawar ta kasance a gindin yatsan, ba a kansa ba, don tura kai yana sassauta gaɓar tsakiyarsa ne kawai, tazarar tana nan a tsuke.

Sai batun fata, wanda ya fi kowanne haɗari. Mai lafiyayyen hannu idan ɗamara ta matse shi zai farka ya sassauta. Mai wannan rauni ba ya ji a ƙaramin yatsa, da gefen tafi, da cikin sangali, kuma nan ne maɗaurin ya fi gogawa. Ƙashin da ya ɗan fito a wuyan hannu ta gefen ƙaramin yatsa shi ne wuri na farko da ke yin rauni, sai bayan gaɓoɓin tsakiya a ƙarƙashin ɗamara, sai gindin babban yatsa. Saboda haka ba a fara kwana da sabon maɗauri. A ɗaura minti 20 zuwa 30, a cire, a duba da ido a wuri mai haske. Ja ko duhu ko shaidar da ba ta ɓace ba bayan minti 20 tana nufin wurin yana danne. A fata mai duhu jan ba ya fitowa sosai, sai a nemi sheƙi, ko ɗumi, ko tauri, a kwatanta da ɗaya hannun. In an sami wurin da ke danne, a buɗa farantin a wurin, a yi masa rami. Cusa ƙarin soso a kan wurin ƙara matsi yake yi. Soso a kewaye ake sa shi, a bar tsakiya a sarari. Bayan gwajin farko a kai sa'a 2, sannan 4, kafin a kai ga dare cikakke.

Yadin da ake lulluɓe su da shi yana da daɗin taɓawa amma yana riƙe danshi, tsakanin yatsu kan jiƙe ya yi fari ya saɓule. Safar auduga siririya a ƙarƙashi tana rage wannan, muddin ba ta tattare ta yi ƙulli ba. Fatar da jijiyarta ta mutu kuma takan bushe ta tsage, tana son mai kullum, sai dai a bari ya shige kafin a ɗaura. 'Yan shingayen tsakanin yatsu, in masu tauri ne, a cire su. Ba su da wani aiki a wannan ciwo sai gurje gefen yatsu.

Da rana labarin ya sha bamban. Wannan majinyaci yana da kafaɗa, yana da gwiwa, galibi yana iya ɗaga wuyan hannu domin C6 ce ke wannan aiki. Kulle duk wannan a cikin faranti daga safe zuwa dare asara ce, kuma hannun da aka daina amfani da shi ƙwaƙwalwa kan yi watsi da shi. Abin da rana ke bukata ƙaramin maɗauri ne da ke zagaye tafi ya hau bayan gindin yatsu, ya hana su karyewa baya, ya bar sauran gaɓoɓin da tafin a sake. Hikimarsa ita ce, idan aka tare gindin, ƙarfin doguwar tsokar da ke miƙe yatsu sai ya zarce zuwa gaɓar tsakiya ya buɗe ta. Akwai gwaji mai sauƙi da ake kira na Bouvier da ke nuna ko zai yi aiki: a riƙe gindin yatsun a ɗan lanƙwashe da hannu, a ce majinyaci ya miƙe su. In sun miƙe, ƙaramin maɗaurin zai buɗe masa hannu. In ba su miƙe ba, ko dai gaɓar ta ƙage, ko tsokar miƙewar ma ta yi rauni, abin da ke yawan faruwa idan ɓarnar ta haura zuwa C7. Wani tarko kuma: mafi yawan irin wannan ƙaramin maɗauri da ke kasuwa an yi su ne don raunin jijiya guda a gwiwa ko wuyan hannu, suna riƙe yatsu biyu kacal, na zobe da ƙarami. Hannun Klumpke yatsu huɗu ne suka karye, ga babban yatsa da ke neman abin da zai riƙe shi a gaba. Mai yatsu biyu ba zai wadatar ba.

Ɗaga wuyan hannun nan da ya rage dukiya ce. Duk wanda ya saki yatsunsa ya ɗaga wuyan hannu baya zai ga yatsun sun naɗe da kansu, babban yatsa ya matso manuni, saboda agarar da ke bi ta gaban gaɓar, wato igiyar da ke haɗa tsoka da ƙashi, ta ɗame. Mai shanyayyun yatsu na iya ɗaukar abu mara nauyi da wannan dabara, har akwai maɗauri mai ƙarfe da mahaɗi da ke ƙara mata ƙarfi. Amma tana bukatar agarar ta kasance da ɗan tsauri. Wannan ya sa faifan nan shimfiɗaɗɗe da ake sayar wa masu shanyewar ɓarin jiki, mai ɗaure kowane yatsa a miƙe a warwatse, ya zama mafi munin zaɓi a nan. Yana ajiye gindin yatsu a miƙe inda suke ƙagewa, yana kuma saki agarar da ake son ta ɗame. Gyaran gangar auzinawa ke nan. Ƙwallon matsawa ma ba shi da gurbi: tsokar da saƙo ba ya isa gare ta ba ta ƙarfafa da motsa jiki, waɗanda suka rage ne za su ƙara rinjaye su ƙara naɗe yatsun. Maɗaurin wuyan hannu irin na masu ciwon aikin kwamfuta kuwa ya tsaya ne daidai inda matsalar ta fara, ya kuma kulle wuyan hannun da ke aiki.

Na'urorin jan tsoka da lantarki da ake tallatawa tare da waɗannan kaya su ma a yi hattara. Ƙananan na gida jijiya suke zaburarwa, ita kuma ta zaburar da tsoka. Inda jijiyar ta mutu, bugunsu ya yi gajarta ƙwarai, tsokar ba ta amsawa, sai mutum ya yi ta ƙara ƙarfi a kan fatar da ba ta ji har ta ƙone.

Idan aka jera na kanti da wanda ake ƙerawa a jikin majinyaci, na biyun ya yi gaba. Ana yin sa da farantin roba mai laushi da zafi, irin su Orfit ko Aquaplast, mai kaurin milimita 3.2 ga babban maɗauri, 1.6 zuwa 2.4 ga ƙanana da na yara. Ana tsoma shi a ruwa mai zafin digiri 60 zuwa 70 a ma'aunin Celsius har ya yi laushi, a tsane shi, mai ƙerawa ya gwada zafin a fatarsa tukuna tunda majinyaci ba zai ji ƙuna ba, sannan a shafa shi a hannun cikin 'yan mintuna kafin ya sandare. Yana bin tudu da kwarin tafi, yana zama daram ba ya zamewa, ana iya sake ɗumama gefe guda a gyara. Aibinsa shi ne yana bukatar ƙwararre, ya fi tauri a jiki, kuma in an manta shi a mota cikin rana ko kusa da murhu zai narke ya lauye. Na kanti ya fi shi laushi, ya fi shi jure zafi, ana kuma samunsa a ranar da ake bukata. A makonnin farko, lokacin da hannu ke kumbure yana canza girma, wannan ba ƙaramin abu ba ne. Mafi kyawun amfani da shi shi ne a saya a kai wa likitan gashin ƙashi ya lanƙwasa, maimakon a yi ta kintace a gida.

Ga jarirai kam babu na kanti da ya cancanta. Hannun ya yi ƙanƙanta, yana girma duk wata, fatar ba ta da juriya. Nasu sai an ƙera, kuma miƙar da gaɓoɓi da iyaye ke yi a hankali sau da yawa a rana ita ce kan gaba. Raunin ƙasa shi kaɗai ma ba kasafai ake ganinsa a haihuwa ba, ya fi zuwa tare da na sama. Jaririn da tafinsa ba ya motsi, balle in ga alamar ido, likitan tiyatar jijiya ya kamata ya gan shi tun cikin watannin farko.

Babu maɗaurin da ke warkar da jijiya, duk abin da aka rubuta a kwali. Jijiyar da ta ƙuje kawai ba ta tsinke ba takan farfaɗo cikin makonni zuwa wata 3. Wadda zarenta ya tsinke tana tsirowa kimanin milimita 1 a rana, kusan inci guda a wata. Daga gindin wuya zuwa tafin babban mutum ya haura santimita 70, tafiyar kimanin shekara 2 ke nan, alhali tsokar da ta rasa jijiya takan daina karɓar ta bayan wata 12 zuwa 18. Lissafin bai fita ba, shi ya sa ƙananan tsokokin tafi ba safai suke dawowa ga manya ba idan raunin mai tsanani ne. Abin da likitocin tiyata ke yi shi ne gajarce tafiyar: su ɗauko reshen jijiya mai rai kusa da gwiwa, misali wanda ke zuwa tsokar brakiyalis, ɗaya daga cikin masu naɗe gwiwar hannu, su jona shi da jijiyar da ke naɗe babban yatsa da manuni, ko rassan tsokar da ke juya tafi sama su jona da mai miƙe yatsu. Wannan aiki yana da wa'adi, an fi son sa cikin wata 3 zuwa 6, ba a son ya wuce shekara. Gwajin lantarki na jijiya da tsoka yana fara nuna gaskiya bayan mako 3 zuwa 4 da rauni, hoton MRI kuma yana taimakawa wajen gano saiwar da ta tumɓuke. In wa'adin ya wuce, saura dashen agara, inda ake karkato tsoka mai aiki daga wuyan hannu a ba yatsu. Duka biyun suna da sharaɗi ɗaya: gaɓoɓin su kasance suna lanƙwasuwa. Tsokar da aka dasa ba ta iya motsa gaɓar da hannun likita ma ya kasa motsawa. Ice tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, kuma aikin maɗaurin dare ke nan, ya ajiye hannun a ɗanye har ranar tiyata. Haɗarinsa na ɓoye shi ne ya sa mutum ya ji kamar yana kan magani, watanni su shuɗe bai ga likitan jijiya ba.

Maɗaurin ma shi kaɗai ba ya hana ƙagewa. Sai an haɗa da motsa kowace gaɓa da ɗaya hannun, kamar sau 10 kowacce, sau 3 ko 4 a rana, har iyakarta ba tare da fizga ba. Wanda ke dogaro da damƙar wuyan hannu ya kiyaye: a miƙe yatsu lokacin da wuyan hannu ke sunkuye, a naɗe su lokacin da yake ɗage, kada a miƙe duka biyun tare. Zafin nan mai kama da ƙuna ko jan lantarki da ke addabar masu tumɓukakkiyar saiwa kuwa daga laka yake tasowa, sassauta ɗamara ko ƙara ta ba ya taɓa shi. Magunguna irin su gabafentin, firegabalin ko amitiriftilin ake gwadawa, a hannun likita.

Akwai kuma wanda bai kamata ya fara da sayen maɗauri ba sam: mutumin da bai faɗi ba, bai yi hatsari ba, amma tafinsa na ramewa a hankali, da ciwo a kafaɗa da ke sauka ta cikin hannu zuwa ƙaramin yatsa. Ƙarin haƙarƙari a wuya na iya danne waɗannan saiwoyi, haka ma ƙari a ƙololuwar huhu, wanda ake kira na Pancoast, musamman ga mai shan taba. Irin wannan mutum hoton ƙirji da na wuya yake bukata da gaggawa.

Ta fuskar ƙarko, Velcro ne ke fara mutuwa, gashin yadi ya cika haƙoransa ya daina kamawa. Tsefe shi da ɗan buroshi yana ƙara masa kwana, kuma ɗamarar da ake cirewa ana iya sauya ta ita kaɗai. Soso kan lotse a gindin tafi ya bar farantin kusa da fata, don haka a riƙa latsa shi duk mako ana ji. Rigar a wanke ta da ruwa mai ɗumi da sabulu mara ƙarfi, ta bushe sarai a inuwa kafin a mayar. Kusurwar ma tana buɗewa da kanta saboda nauyin jiki idan an kwanta a kan hannun, sai an riƙa sake auna ta. Bayan tiyata kuwa a ajiye tsohon maɗaurin gefe har sai likitan da ya yi aikin ya ce a dawo da shi, domin kowane dashe yana da zaman da yake bukata, kuma wanda ya dace jiya yana iya jan sabon ɗinki ya tsinke.